Kwaɗo a Ƙofar Kawu

Kawuna ya yi shekara talatin da ɗaya yana riƙe da siton wani kamfanin kayan gini, kuma har ya yi ritaya bai yarda da kowa ba. In ka gaishe shi da fara'a sai ya shafa aljihu. In ka gaishe shi a daƙile sai ya ce ka san abin da ka yi. Daga wurin aikin ya taho da wata ɗabi'a: duk abin da ya ajiye sai ya zagaye gindinsa da fensir. Rediyo, filas, gidan tabarau, kowanne da zanensa a kan tebur. Ka gusar da abu ko faɗin farce ne, sai ya gane.

Ɗakinsa yana ƙarshen falo. Ƙofar irin mai zugewa ce, ƙyaure biyu na katako, kowanne yana gudu a kan layinsa, ɗaya ya shige bayan ɗaya. Tun da aka gina gidan ta dama Kawu yake shiga. Ƙyauren hagu a wurinsa bango ne.

Wata uku bayan Auta, ɗansa na ƙarshe, ya kawo amarya gidan, Kawu ya kira ni, ya ja ni gefe.

"Ana shigar min ɗaki."

"Me aka ɗauka, Kawu?"

"Ba a ɗauki komai ba. Ai shi ya fi damuna. Ana dubawa ne tukuna."

Ya nuna min filas ya fita daga zanensa kaɗan. Bai kira suna ba, ya dai yi nuni da haɓa wajen sashen Auta.

Na kawo masa kafinta. Mutumin ya ce irin wannan ƙofa a tsakiya ake sa mata makulli, mai haɗe ƙyauren biyu, ya fito da shi daga kwali da 'ya'yan makulli uku.

"Uku?" in ji Kawu. "Ina na huɗun?"

"Uku suke zuwa, Baba."

"Haka duk kuke cewa."

Kawu ya sallami kafinta. Ya shiga mota har can ƙarshen gari, shagon da ba a san fuskarsa ba, ya sayo kwaɗo da ƙarfen rataya shi. Ni na riƙe ƙarfen, shi yana murɗa sukudireba yana nishi, ya ɗaure ƙyauren dama da jikin bango, sukuru shida, ko giwa ba ta ja shi.

Na ce, "Kawu, ɗaya ɓangaren fa..."

Ya dube ni ta saman tabarau. "Kai kuma ina ka koyi buɗe ƙofofin mutane?"

Na haɗiye sauran maganar. Ina da iyali, ba na son shiga jerin waɗanda ake zargi.

Kwana huɗu filas ya sake gusawa. A wannan karon Kawu bai yi raɗa ba. Ya tsaya tsakiyar falo ya ce akwai wanda ya yanka makulli a gidan nan, kuma kafin wata uku da suka wuce gidansa bai san irin wannan ba. Amarya tana tsugune tana zuba masa shayi. Ta ajiye buta a hankali ta tashi. Kafin la'asar Auta ya jera akwatuna a bakin ƙofa, ya ce gara su kama haya da a riƙa kallon hannun matarsa.

Inna, matar Kawu, ta dawo daga unguwa ta tarar da kaya a hanya, ni kuma ina ta lallashin Auta. Ta saurari zancen har ƙarshe. Ko mayafi ba ta cire ba, ta je ta sa yatsa ɗaya ta tura ƙyauren hagu. Ya zuge, ɗaki ya buɗe, kwaɗo yana can yana ta gadin bango.

"Malam, wa kake tsammani yake share maka ɗaki duk shekarun nan? Aljanu? Ta nan nake shiga, tsintsiyata na hannun dama. A da ina mayar da komai daidai kan zanenka. Yanzu ido ya yi rauni, ba na ganin fensir."

"Me ya sa ba ki faɗa ba da na sa kwaɗo?"

"Na ɗauka abin yi ka samu."

Kawu ya daɗe yana kallon ƙyauren kamar yau aka kawo shi gidan. Ya zuge shi, ya mayar, ya sake zugewa. Sannan ya taka har bakin sashen Auta, ya yi gyaran murya sau biyu.

"'Yata," ya ce da labule, "tsufa ne ya yi magana ɗazu. Ki yafe min."

Amarya ta fito ta durƙusa. "Ba komai, Baba."

Ta ɗauki ƙaramin akwati ta shiga da shi. Babban kuwa sai da ya yi mako guda a bakin ƙofa, Kawu yana raɓa shi safe da yamma bai ce a kawar ba.