Muryar da Almakashina Bai Yanke Ba

Har yau ranar da muka nuna fim ɗin Mushe Isufu a Tanut ba ta bar raina ba. Zamanin soja ne, ina mai kunna injin silima a sarwis ɗinmu, wato ofishin gwamnati. Ƙa'ida ita ce kowane fim sai shef, shugabanmu, ya gani kafin jama'a. Abin da ya ƙi, ni ke yanke shi da almakashi in haɗa bakin da gam.

Mushe Isufu malamin lakwal ne, wato makarantar boko; Mushe muke ce wa malamai. Da 'yar kyamararsa ya ɗauki Ɗanladi, ɗan daudun da ke sayar da tuwo a tasha. Ɗanladi ya daɗe tare da Mamman direba, har mota ta kife da Mamman a hanyar Agadas. Ranar zaman makoki dangin Mamman suka hana Ɗanladi tabarma. A fim ɗin yana rungume da rawanin mamacin yana magana.

Shef ya ce, "Ilu, cire wannan." Na ce, "To." Ni ma ina cikin masu kwaikwayon tafiyar Ɗanladi, alhali tuwonsa nake ci. Ina yankewa ina dariya, Allah ya yafe mini.

Sai dai na manta irin wannan fim muryarsa a kaset take daban. Hoto na yanke, kaset ban taɓa ba.

Ranar kasuwa da la'asar muka toshe tagogin aji da barguna. Da aka zo wurin da na yanke, hoto ya tsallake zuwa raƙuma a rijiya, muryar Ɗanladi kuwa ta ci gaba: "Sun ce ni ba kowansa ba ne. Wa ya san ba ya cin yaji? Wa ke gane kukan motarsa tun daga nesa? Ni na so shi, kuma ba zan ce ban so shi ba."

Shef ya matso. "Kashe."

Yatsana na kan maɓalli. Na hango Ɗanladi tsaye a bakin ƙofa, don ba wanda ya matsa masa a benci. Bai sunkuyar da kai ba.

Na ce, "Shef, saura kaɗan ya gama."

"Ilu, kana son aikinka?"

Na ƙara murya.

Kafin sati aka mayar da ni Belbeji gadin magaza, ɗakin ajiyar kaya. Ranar tafiya Ɗanladi ya miƙo mini ƙunshin tuwo ta tagar mota, ya ce, "Mai almakashi, ashe kana da kunne."

Ku yaran yanzu, kafin ku yanke mutum daga fim, ku saurari abin da yake faɗa tukuna. Ni sai da na yanke na ji. Kunyar da nake ji ta almakashin ce, ba ta Belbeji ba.