Inda Aka Ja Gashin Martin

Martin Kobzaru ya girme ni da shekara ɗaya da wata huɗu. Benci ɗaya muka zauna a makarantar Fadan coci ta ƙauyenmu Frasinu, har shekarar 1948 da gwamnati ta rufe ta. Ni na tafi Bacau na ƙaro karatu, na dawo na zama magatakardan ƙaramar hukumarmu. Shi kuwa ya bi shanun gari, ya yi ta binsu har shekara sittin da biyar.

Makiyayar gari tana gabas da ƙauye, tsakaninmu da mutanen Brusturet. Idan ka hau tudu ka fara gangarawa ta ɗaya gefen, akwai idon ruwa da ba ya ƙafewa ko a watan Agusta. Ban da shi, sai kogin Tazlau, kilomita shida daga nan.

A shekarar 1945, da aka raba gonaki bayan yaƙi, dattawan ƙauyukan biyu suka fita yanka iyaka. Mutane ne da ba su yarda da takarda ba, don takarda tana ƙonewa. Suka haƙa rami a bakin hanyar amalanke, suka zuba gawayi da fasassun tukwane, suka tara ƙasa a kai. Sannan, kamar yadda aka saba, aka kawo yaro ɗaya daga kowane ƙauye aka ja gashinsa da ƙarfi a wurin, don zafin ya sa ya riƙe wurin har tsufansa. Martin aka kai daga namu, yana ɗan shekara tara. Kakansa ne ya ja, kuma tsohon maƙeri ne.

Da aka haɗe gonaki a 1962, tarakta ta baje tarin ƙasar. Babu wanda ya damu, tunda komai na gwamnati ne a lokacin. Shanun da Martin yake korawa kowace safiya sun kai ɗari uku da arba'in. Ya san kowace da sunanta da halin mai ita. Da yamma sai ya tsaya a bakin gari, kowace saniya ta nufi ƙofar gidansu da kanta, mata suna jira da bokitai. Daga baya masana'antun yankinmu suka rufe, matasa suka kama hanyar Italiya. A 2013 shanun Frasinu ashirin da uku ne, gwiwoyin Martin kuma sun gaji.

A bazarar wannan shekara hukumar lardi ta turo ma'auna ƙasa su yi sabuwar taswira. Tsohuwar taswirar da suka zo da ita ta jefa idon ruwan cikin ƙasar Brusturet, su kuwa mutanen Brusturet sun riga sun ba wani kamfanin noma hayar ɓangarensu, za a kewaye shi da waya. Ciyaman namu, Damok, ya zo gidana neman takardun 1945, ko da yake na daɗe da yin ritaya. Na gaya masa ruwa ya ci su a ɗakin ajiya tun kafin a haife shi. Na ce amma akwai Martin. Yaron Brusturet da aka ja gashinsu tare ya daɗe da rasuwa.

Muka samu Martin yana cin tuwon masara da cuku a ƙofar gida.

"Baba Martin," in ji ciyaman, "idan suka sa waya, sai dai a riƙa kai shanu kogi."

"A riƙa kaiwa? Wa zai kai? Kai da wannan tumbin?" Ya share bakinsa. "In ruwan ya tafi, ku sayar da shanun, ni ma ku haɗa da ni, ko za a samu mai saye."

Ranar Talata muka hau tudun: ni, Martin, ciyaman, Zaharia kansilan Brusturet, da ma'auniyar lardi, wata matashiya mai suna Otilia, riƙe da sandarta ta awon ƙasa mai faifai a ka. Ta yarda cewa idan aka tono gawayi a gaban ɓangarorin biyu, za ta rubuta shi a matsayin iyaka.

"Shaidarku ke nan?" in ji Zaharia. "Wannan da ba ya tuna inda ya ajiye haƙoransa?"

"Haƙorana suna cikin kofi a gida, ɗan nan. Ubanka ma na san inda ya ajiye nasa, a gidan giya, ranar da surukinsa ya same shi."

Komai ya canza a wurin. Babbar bishiyar da ke nan a da an sare ta, ciyawa ta cinye hanyar amalanke, sai ɗan kwarin da tayoyi suka bari. Martin ya ce abu ɗaya yake riƙe da shi: da aka fizgi gashinsa ya ɗaga kai yana hawaye, kan gicciyen cocinmu kaɗai ya gani yana leƙowa bayan tudu. Ya bi tsohuwar hanyar, ya wuce idon ruwan da nisa, yana waiwaye, har ya tsaya. Aka haƙa zurfin ƙugu. Jar ƙasa ce kawai. Aka matsa aka sake haƙawa, babu komai.

Otilia ta duba agogonta. "Kaka, ƙarfe biyu ina da wani aiki a wata ƙaramar hukumar."

Martin ya jingina da sandarsa. Can ya dube ni.

"Alois, dan Allah, tsawona nawa a lokacin?"

Na nuna masa da hannu, daidai cibiyarsa.

Ya miƙa min sandar, ya durƙusa. Duk mun ji ƙarar gwiwoyin. "Gicciye ya ɓace," in ji shi. Ya fara rarrafe yana komawa baya, wajen Frasinu, wajen idon ruwan. Kowane taku ƙasarmu yake ragewa. Ciyaman ya sunkuya ya yi masa raɗa.

"Baba, ka dakata nan mana. Ai nan ma ya yi."

"In a nan ne, za ka ga gawayi. In ba nan ba ne, me za ka tono?"

Ya ci gaba. Idon ruwan yana ta matsowa, na ga Zaharia ya fara murmushi. Sai Martin ya tsaya ya ɗaga kai.

"Alois, ja gashina."

"Wane gashin? Sili uku ne suka rage."

"To ja su, ai na san ka daɗe kana so."

Na kama 'yan furfurar ƙeyarsa na ja a hankali. Ya runtse ido ya buɗe. Ya dafa ƙasa da tafinsa.

Da shebur ya kai zurfin gwiwa, ƙasar ta yi baƙi. Zaharia da kansa ya sa hannu ya zaro kunnen tukunya, ya juya shi, ya ajiye. Otilia ta kafa sandarta a bakin ramin. Idon ruwan ya faɗo ɓangarenmu da taku goma sha ɗaya.

Martin, har yanzu a durƙushe, ya ce a kawo yaro daga kowane ƙauye kafin a rufe ramin. Muka dubi juna. Makarantar gwamnati ta Frasinu ta shekara huɗu a rufe. Jikokin ciyaman suna Torino ta Italiya, na Zaharia ma haka.

"Kaka, ba sai an ja gashin kowa ba," in ji Otilia. "Lambobin suna cikin na'ura, za su je ofishin lardi."

"To," in ji shi. "Ku ɗaga ni."

Ni da Zaharia muka ɗaga shi, aka sa shi a motar ciyaman. Ya ƙara kaka ɗaya yana kiwo, yawanci a zaune a bakin ruwan, sannan ya daina fita. Ya rasu a watan Fabrairu na 2015. Bana shanun Frasinu tara ne, masu su suna kai su bi da bi, kuma a idon ruwan suke sha.