Ranar Da Aka Yi Wa Gidan Rediyo Filashin

Cikin duk shekarun da na yi a sashen Hausa na gidan rediyonmu a Washington, akwai wata Asabar da har gobe ba ta fita raina ba. A farkon watan Disamba ne na shekarar 2006. Ku da kuka zo aikin nan daga baya kun tarar muna kiran masu sauraro daga nan, kun ɗauka haka abin yake tun fil azal. To ba haka yake ba, kuma ni Rabi ina wurin ranar da aka fara.

A lokacin ni ce mai tsara shirin wasanni na ƙarshen mako. Mai tsara shiri ita ke raba wa kowa lokacinsa, ita kuma ake kamawa in abu ya lalace. Kusan duk shirin ƙwallon ƙafa ne, sai ɗan fili a ƙarshe da aka bar wa Sidi. Sidi mutumin Agadas ne, dogo siriri, ga shan shayi kamar ba gobe. Aikinsa na kullum shi ne fassara labarai wasu su karanta. Wannan ɗan fili na tseren motoci shi kaɗai ne inda ake jin muryarsa, da shi yake tinƙaho in ya je gida hutu. Babansa makanike ne, tun yana ƙarami ya ga motocin tseren hamada suna ratsa garinsu, abin ya shiga jininsa.

Ga wanda bai sani ba, gasar duniya da Sidi ke kawo labarinta ba irin ta zagaya fili ba ce. A watan Janairu ake farawa, a yi ta bin ƙasashe har ƙarshen shekara: yau kan ƙanƙara a Sweden, gobe kan duwatsu a Girka, jibi cikin daji a Finland. Motocin ba tare suke tashi ba, ɗaya bayan ɗaya ake sakinsu, agogo ne ke raba gardama. Kowace ƙasa akwai makin da ake samu, a ƙarshen kaka a tara a ga zakara. Sidi ya haddace jadawalin nan tsaf. Ni kuwa wallahi da ya fara sai in ji barci na fizgata. Nakan ce masa, "Sidi, ku da kuka saba da rairayi, me ya haɗa ku da ƙanƙara?" Shi kuma ya ce, "Hajiya, ai ku 'yan Najeriya kullum tseren nan kuke yi a titi, ba ku dai san ana ba da kofi ba ne."

Shugaban sashenmu a lokacin Alhaji Tukur ne. Mutumin kirki ne, amma ba ya son a ɓata ko minti ɗaya na shiri a banza. A taron ranar Litinin ya dubi Sidi ya ce, "Malam Sidi, tsakani da Allah, wa ke sauraron abin nan? Wasiƙu na zuwa kan ƙwallo, kan dambe, har kan kokawa. Naka ban taɓa ganin ko ɗaya ba."

Sidi ya ce, "Ranka ya daɗe, masu jin nawa direbobi ne da makanikai. Hannu duk baƙin mai, ina suka ga sararin rubuta wasiƙa?"

Alhaji ya ce to shi ke nan, a gwada. Tunda kakar bana ta ƙare, ranar Asabar a ƙara wa Sidi lokaci, a buɗe layin waya. In mutane suka kira, fili ya zauna. In ba su kira ba, daga sabuwar shekara a mayar wa ƙwallo, Sidi ya koma teburin fassara. Duk makon nan Sidi ya bi kowane mai gabatar da shiri yana roƙo a riƙa sanar da lambar wayar.

Kuma ya yi sa'ar labari, don kakar ta ƙare da abin mamaki. Bafaranshen da ke kan gaba ya faɗo daga kan keke ya karya hannu, ba a ƙara ganinsa a tseren da suka rage ba. Duk da haka shi ya ɗauki kambun, ya fi wani ɗan Finland da maki ɗaya tal.

Ranar Asabar na baro gidana a Gaithersburg cikin wani irin sanyi mai shiga ƙashi. Ina isa na tarar Sidi ya riga ni, ya taso daga Fort Washington cikin babbar riga ta shadda, ta sha sitati. Na ce, "Malam, rediyo ce fa, ba mai ganinka." Ko murmushi bai yi ba. Nan na san mutumin nan hankalinsa a tashe yake.

Ɗakin watsa shiri biyu ne, gilashi ya raba. Mu muna ciki gaban makirfo. Injiniyarmu Linda, wata Ba'amurkiya mai tsananin bin ƙa'ida, tana waje da na'urori da wayoyi. In an samu mai kira sai ta ɗaga mana babban yatsa. Alhaji kuma yana ofishinsa a sama yana sauraro.

Sidi ya kawo sakamakon kaka tiryan-tiryan, sannan ya ce, "Jama'a, layi a buɗe yake." Muka dubi Linda, ta girgiza kai. Ya sake karanta lambar, a hankali. Ta sake girgiza kai. Ya ɗauko jadawalin baɗi ya shiga karantawa ƙasa-ƙasa, yana jan kowane suna don lokaci ya tafi. Ni kuma na shiga jefa masa tambayoyin da ko ni na san na shirme ne, har da cewa shin direbobin nan suna tsayawa cin abinci. Ga Disamba, ga gumi na tsattsafowa a goshin Sidi. Tausayinsa ya kama ni ƙwarai, haushin masu sauraro kuma ya cika ni. A raina na ce, mutumin nan ya yi shekaru yana yi muku hidima, a rasa ko mutum ɗaya da zai ɗaga waya?

Na yi wa Linda alama ta sa waƙa, na fita fuu na same ta. Na tambaye ta da Turanci ko da gaske ba kowa. Ta ce ai layin ne ya lalace. Tun da aka fara, wayar sai ta yi ƙara sau ɗaya, kafin ta kai hannu ta mutu, har ta aika a kira masu gyara. Na tsaya na zuba wa na'urar ido. Wannan fitila ta kawo ta ɗauke, waccan ta kawo ta ɗauke, kamar kwalliyar Kirsimeti. Lambobin da ke fitowa kuwa duk na Nijar ne da Najeriya. Ban san lokacin da dariya ta ƙwace mini ba, har sai da na dafa tebur. Linda ta bi ni da kallo, ta ɗauka na zautu.

Filashin ne, abin da mutanen Nijar ke kira bip. Wayar salula ba ta daɗe da zuwa gida ba a lokacin, kuma kira ɗaya zuwa Amurka sai ya lashe katin mutum kaf. Saboda haka sai ya bari ta yi ƙara sau ɗaya ya kashe, ma'ana ga ni, kira ni. Linda ina za ta san wannan?

Dokar aiki ita ce ba a buga waya ƙasar waje ana cikin shiri sai da izinin shugaba. Na ɗauki wayar cikin gida na ce, "Alhaji, mutane na nan fa cike da layi. Filashin suke yi."

Ya ce, "Gidan rediyon ne suke yi wa filashin? Ni 'ya'yan ƙannena kullum suna yi mini, amma ban taɓa zaton za a yi wa ma'aikata sukutum ba. Kira su, Hajiya, kafin waƙar nan ta ƙare."

Na farko da muka samu wani direban babbar mota ne a tashar Agadas. Sidi na yin sallama direban ya ce, "Sai yanzu? Tun ɗazu muke ta bip, har mun ce ko kun raina mu ne." Ya ce sun ajiye kamyo, wato manyan motocinsu, sun kewaye rediyo, sannan ya gaishe da Sidi, ya tambayi iyali, ya tambayi sanyi, ni ina ta nuna wa Sidi agogo. Da ya gama ya ce, "Malam Sidi, mu fa ba mu yarda da wannan sakamako ba. Mutum na kwance a gida da karyayyen hannu a ce shi ne zakara? Mu nan in direba ya kwanta, wani ke ɗaukar lodinsa." Kan ka ce me, Sidi ya farfaɗo. Ya gyara zama yana bayanin maki yana kaɗa hannu, har ya kusa ture makirfo.

Na biyu makanike ne a Ƙofar Ruwa a Kano. Shi yana bayan Bafaranshen, amma ya ce a isar masa da saƙo ya daina hawan keke, babban direba kamarsa abin kunya ne. Sai wata mai sayar da abinci a tashar Maraɗi, ta ce direbobi sun sa mata son abin dole, kuma tana son a gaya mata dalilin da ya sa duk ƙasashen da Sidi ya lissafa babu ta Afirka ko ɗaya. Lokaci ya ƙare fitilun nan ba su daina ƙyaftawa ba.

Muna rufe shiri sai ga Alhaji a bakin ƙofa, ya harɗe hannu. Ya ce, "Malam Sidi, yaushe ka ce za a koma?"

"Watan gobe, ranka ya daɗe."

"To ka shirya. Kuma ka gaya wa mutumin Agadas ɗin nan, ni ma ban yarda da sakamakon ba."

Sidi da ba a iya tsayar da bakinsa, ranar nan sai ya sa hannun riga yana goge ido. Na buɗe baki zan tsokane shi, sai na fasa, na kama tattara takardu.

Abin da nake son ku riƙe ke nan. A aikin nan ba ma ganin wanda muke yi wa magana, shi ya sa da mun ji shiru sai mu yanke cewa ba kowa. Saura ƙiris mu rufe wa mutum baki ranar nan, alhali jama'arsa na can sun ajiye motoci suna ta buga mana. Duk ranar da kuka buɗe layi kuka ji tsit, kada ku yi saurin cewa ba a sauraro. Ku fita ku duba tukuna. Mutanenmu suna nan, jira suke yi a kira su.