Haƙoran Baba Direba

Shekara talatin da ɗaya Baba Direba ya yi yana jan motar ma'aikata. Ranar da ya miƙa makulli, ya dawo ya zube a tsakar gida kamar kayan wanki. Ba hira, ba faɗa, ko rediyo sai an kunna masa.

Matarsa, wadda har yau yake kira Innar yara duk da yaran sun haifi nasu, sana'arta alawar gyaɗa. A shekarar ne likita ya ce tana da ciwon sukari, ta yi sallama da zaƙi. Ta dawo daga asibiti ta ce masa aiki ya same shi, don ba za ta sayar wa mutane abin da ba a ɗanɗana ba.

Haka aka kafa masa kujera a ƙofar kicin. Ita za ta soya gyaɗa, ta murje ɓawon, ta narka sukari a tukunya mai kaurin gindi da ɗigon lemon tsami. In ya yi ja ta juye gyaɗar, ta ɗebo cokali guda ta ɗora a murfin da ta shafa wa mai, ta fifita, ta miƙo masa. Shi zai ciza. In ta yi ƙaras, a sauke, a baza a tire, a murje da kwalba, a yanka da zafinta. In ta yi danƙo, a ƙara mata wuta.

Allah ya kiyashe ka da mutumin da ya rasa mulki ya sake samu. Baba Direba ya riƙa yanke hukunci kamar alƙali: yau gyaɗa ta yi yawa, gobe wuta ta yi gaggawa. Har maƙwabta yake gaya wa cewa ba don bakinsa ba da sana'ar nan ta daɗe da rushewa. Ita dai sai ta yi murmushi ta ci gaba da juya tukunyarta. Shekara tara suna haka, kuma gaskiya bai taɓa jin daɗin tuƙi kamar yadda ya ji daɗin kujerar nan ba.

Sai haƙora suka fara yi masa tawaye. Na taunawa suka tafi ɗaya bayan ɗaya, biyun ƙarshe ya je a ɓoye aka cire, na gaba kuma suna girgiza. Tsoro ya kama shi, don ya san abin da ke jiransa in kujerar ta tashi. Saboda haka in ta miƙo, sai ya jefa a kunci, ya motsa muƙamuƙi, ya ce ta yi.

Ramin ƙarya ƙurarre ne. A mako na biyu mai shagon bakin titi ta dawo da rabin tire, ta ce alawar ta koma danƙo, sai liƙe wa mutane take a haƙori. Innar yara ta ba ta haƙuri, ta raka ta ƙofa, ta koma kan tukunyarta. Da ta yi faɗa ma da ya fi masa sauƙi.

Washegari ya zauna a kujerar yana jiran sallama. Ta ɗora tukunya, ta ɗebo, ta fifita. Amma ba ta miƙo ba. Ta matso dab da kunnensa, ta gatsa da nata haƙoran, ƙaras, ta tofar a tafin hannu, ta sa masa ragowar a baki.

"Ka ji ƙarar ai, Malam. Cizo nawa ne daga yau, harshe naka. Ta yi, ko a ƙara wuta?"

A nan ya gane tun ranar farko tana iya yin haka da kanta. Kunya ta kama shi, ƙaunarta kuma ta cika masa ƙirji. Sukari na ta ƙara ja a tukunya, ƙaurin ya fara tashi, ita kuwa tana tsaye da tsumma a hannu, ta ƙi saukewa sai ya ce.