Ƙofar da Joitun Ta Ƙi Rufewa

A ƙauyenmu, can bakin dajin ruwa inda kogi ke rarrabuwa kafin ya faɗa teku, idan yaro ya shiga ɗaki ya bar ƙofa a wangale, uwarsa takan daka masa tsawa ta ce, "Kai, nan gidan Joitun ne?" Yaran da ba su taɓa gaishe ta ba ma sun san zancen.

Joitun 'yar gajeruwar mace ce mai kaifin baki, gashinta ya dunƙule kamar igiyar ɗaure jirgi, domin sama da shekara ashirin mataji bai shiga cikinsa ba. Ba mahaukaciya ba ce, kada wani ya je ya ce ni na faɗa. Salla ba ta wuce ta, a kasuwar kifi kuma babu wanda ya isa ya yi mata wayo. Abu ɗaya ne kawai: mijinta yana daji, matar da mijinta ke daji kuwa ba ta rufe ƙofa.

Haka muka tashi muka tarar. Idan lokacin zuma ya zo, maza suka shiga jirgi suka nufi daji, matan da aka bari sai su shiga wani irin zama. Ba shafa mai, ba taje kai, ba wanki da sabulu, ba soya barkono kada hayaƙin ya shiga idon maigida a can. Ƙofa kuwa a buɗe take dare da rana, don wadda ta rufe ƙofa ta rufe wa mijinta hanyar gida. Musulmi da Hindu duk ɗaya muke a nan, kamar yadda duk muke kai ɗan abin zaƙi rumfar Bonbibi, uwar daji, kafin jirgi ya tashi. Liman ya yi wa'azi har muryarsa ta dishe, yana cewa wannan ba addini ba ne. Gaskiyarsa. Sai dai Liman bai taɓa shiga daji ya ji ana bin sa a baya ba. Mai bin bayan ma ba a kama sunansa, Kawu muke ce masa. Baƙo ne kaɗai ke buɗe baki ya ce damisa.

Mijin Joitun, Nesar Gazi, dogo ne mai yawan dariya. Bai taɓa kiran sunanta ba, kamar kowane namiji mai kunya. Tun da ta haifi ɗansu ta zama Uwar Tohid, kuma tun daga bakin kogi yake fara kwaɗa kiran, har maƙwabta su riga ta sanin ya dawo. Tohid yana rarrafe Nesar ya shiga jirgin Sattar, jagoran masu ɗiban zuma, ya tafi.

Jirgin ya dawo kafin lokaci, ba waƙa ba ihu. Sattar ya zo ya tsaya a tsakar gidanta yana murza hularsa.

"Muna tafe a jere, kowa ya ɗaga kai yana bin ƙudan zuma da ido," in ji shi. "Shi ne a ƙarshe. Da muka waiwaya babu shi."

"Kun ga jini?"

"Ba mu gani ba. Tukunyarsa muka samu a tsaye, ko karkacewa ba ta yi ba."

"Kun ga sawun Kawu?"

"Ruwa ya fara hawowa, ya shafe komai."

"To me ka zo gaya mini? Kun bar mutum a daji kun dawo da tukunya. Ajiye ta ka tafi."

Mata suka taru suna kuka, aka kawo mata farin zane na zawarci, wanda muke kira sari. Ta karɓa ta shimfiɗa shi ta shanya barkono a kai.

Kada a ce ba ta da hujja. A daji ba Kawu kaɗai ke ɗaukar mutum ba. Akwai 'yan fashin ruwa. Akwai kuma iyakar Indiya, wadda ba wanda ya taɓa ganinta da ido tun da aka raba ƙasa, sai ka tsallake ta masu bindiga su nuna maka inda take. Wani mutumin tsallaken kogi an yi masa sadakar arba'in, an raba kayansa, bayan shekaru sai ga shi ya fito daga kurkukun can da furfura, har ya iya yarensu na Hindi. Joitun ta tafi takanas ta zauna gabansa, ta tambaye shi ko ya ga wani dogo mai yawan dariya. Ya ce a kurkuku ba mai dariya. Ta dawo gida tana cewa ai bai ce bai gan shi ba.

Da shekaru suka ja, Liman ya zo da kansa, ya tsaya daga waje ya yi sallama.

"Uwar Tohid, shari'a ta ba ki hanya. Ki yi takaba, mu yi masa salla, ki huta."

"Malam, kai ka wanke shi?"

"A'a."

"Kai ka sa shi a rami?"

"Ba haka ake duba abin ba."

"To ranar da ka wanke shi ka aiko a gaya mini."

Mutum ɗaya ce ke iya taɓa ta a wurin nan ta kwana lafiya, wato Kanan, maƙwabciyarta 'yar Hindu. Ita nata mijin Kawu ya ɗauka, an kuma dawo mata da abin da ya rage a cikin tabarma. Dangin miji suka kira ta mai cin miji, suka daina gayyatarta biki. Su biyu suke jan raga a kogi, ruwa har ƙirji, suna kama 'ya'yan jatan lande su sayar wa masu tafkunan kiwon jatan lande. Ba su da wata sana'a, don tun da masu tafkunan suka shigo da ruwan gishiri gonakin shinkafa suka mutu, ko ciyawa ba ta fita.

"Wallahi tsuntsu zai yi sheƙa a kan nan naki," Kanan takan ce. "In ya yi ƙwai mu raba."

"Ke dai Didi ki ji da haƙoranki da suka gudu suka bar ki," Joitun takan amsa. Didi take kiranta, wato yaya.

"Nawa sun gudu na haƙura. Ke ce ba ki san an gudu ba."

Wata rana suna tsaye a ruwa Kanan ta daina wasa ta ce, "Ke tsoron sunan da suka sa mini kike yi." Joitun ta ci gaba da jan raga. Sai can ta ce, "Ba suna ba ne, Didi. Kin ga naki da idonki. Ni idan na ja ƙofar nan, ni na kashe shi." Kanan ba ta sake tayar da maganar ba sai a cikin tsokana.

Haka aka yi ta tafiya. Damina ta feso mata ruwa har kan gado. Sauro ya mai da ɗakinta kasuwa. Ɓarawo ya taɓa shiga ya kwashe tukwanenta tana barci. Akwai shekarar da Kawu ya iyo kogi ya shigo ƙauye ya ɗauki akuyar Sattar, kowa ya datse gidansa da itace, ita kuwa ta rungume ɗanta ta zuba wa ƙofa ido har gari ya waye. Ta yi ta jin abubuwa kuma. Takan ji an taka tsakar gida da nauyin ƙafar namiji, ko ta ji ƙanshin zuma da hayaƙi ya gifta, ta fito da gudu ta tarar da kaji. Ba ta ɓoye wa kowa ba, kuma ba ta nemi a yarda ba.

Tohid ya girma, ta rantse masa in ya taka daji ba ita ba shi. Sai ya bi sauran samari zuwa wajen gasa bulo kusa da birnin Dhaka. Can ya haɗu da Shiuli, mai aiki a kamfanin ɗinki, ya auro ta. Ya gina musu ɗaki mai rufin kwano su da uwarsa, ya sa ƙofar katako mai kauri da sakata, abin da ubansa bai taɓa mallaka ba. Ranar da suka tare Joitun ta gangaro da dutsen niƙa ta tokare ƙofar a buɗe.

Shiuli ta yi zaman birni, bakinta ba ya ajiye magana.

"Inna, sauro ya cinye ni."

"Ki shiga gidan sauro, Bouma, don haka aka yi shi." Bouma muke ce wa matar ɗa.

"Mutumin da ban taɓa gani ba shi ke hana ni barci!"

"Mutumin nan surukinki ne. Ki iya bakinki."

In Joitun ta tafi kogi Shiuli ta ture dutsen, in ta dawo ta mayar. Tohid ya rasa bayan wa zai bi, ya tattara ya koma wajen bulonsa, ya bar Shiuli da ciki.

Shiuli ta haifi 'ya mace, ba a yi suna ba tukuna guguwar teku ta taso. Tun safe masu lasifika ke yawo suna cewa kowa ya tafi ginin makaranta. Amma Shiuli ta sha wuya a haihuwar, ko tsakar gida ba ta iya takawa, kuma kafin a samo masu ɗaukarta ruwa ya yanke hanyar. Aka bar mata biyu da jaririya a ɗaki. Da azahar gari ya yi duhu, iska ta fara kuka.

Kowa a nan ya san abin da iska ke yi wa ɗakin da ta samu hanyar shiga. Tana cika shi ne ta ɗaga rufin daga ciki, daga nan bango ya biyo. Joitun ta sani, ta ga an yi. Tana tsaye tana kallon kwanon yana ɗagawa yana sauka, ƙusoshi suna ƙara, kayan ɗaki suna yawo.

"Inna, ki rufe!" Shiuli ta yunƙura ta faɗi a gefen gado, jaririyar a ƙirjinta. "Don girman Allah ki rufe! In ba don ni ba, don jininsa ce wannan!"

Joitun ta dubi waje. Ba a ganin komai sai ruwa yana tafiya a kwance. Ta dubi jaririyar, wadda ta buɗe baki tana kuka amma ba a jin muryarta. Kwano ɗaya ya yage ya tashi. Sai ta durƙusa ta ture dutsen, ta sa kafaɗa ta yi ta kokawa da ƙofar har ta shiga, ta danna sakata, ta zauna ta jingina bayanta. Rufin ya lafa.

A nan ne aka buga. Ba irin bugun reshe ba, in ji ta, bugun tafin hannu ne, daidai tsakiyar bayanta. Aka sake. Sannan daga nesa, kamar daga bakin kogi, ta ji an ja kiran nan da ba wanda ya iya shi sai mutum ɗaya.

"Uwar Tohid!"

Hannunta ya tashi da kansa ya kama sakata. Shiuli tana kallonta, ta ƙara ƙanƙame 'yarta. Kiran ya matso, har bakin ƙofa.

"Uwar Tohid, buɗe mana!"

Joitun ta cire hannun ta cusa shi ƙarƙashin cinyarta, ta zauna a kai. Ta yi kukan da ba ta yi ba ranar da Sattar ya kawo tukunya. Ta yi ta cewa, "Ka yi haƙuri, akwai jaririya, ka yi haƙuri." Aka yi ta bugawa, aka yi ta kira, har muryar ta fara nisa, ta koma wajen kogi ta ɓace.

Da iska ta faɗi ta buɗe. Laka ce ko'ina, da matattun kifi, da jirgin wani a kife a inda murhunta yake. Babu sawun kowa. Ɗakin nan yana cikin 'yan kaɗan da suka tsaya a unguwar.

"Bouma, kin ji?"

Shiuli ta dube ta. "Na ji ana bugawa, Inna. Ban san ko mene ne ba."

Kanan ta dawo daga ginin makaranta washegari, ta ji labari, ta ce jirgin nan ne ruwa ke gwara shi da ƙofa. Liman ya ce iska tana kwaikwayon muryar mutane, ya taɓa ji. Joitun ta saurare su duka, sannan ta ce wa Liman ya tara mutane a yi wa Nesar sallar. Aka yi. Kanan ta zauna da almakashi ta yanke gashin nan, don ya wuce tajewa, kuma ko sau ɗaya ba ta yi tsokana ba.

Mutane suka ce Alhamdulillahi, Joitun ta huta. Ni dai ban ga hutu ba. Jikarta tana gudu a tsakar gida yanzu, tana son ta kamar ranta. Amma tun rana ba ta gama faɗuwa ba take tashi ta rufe ƙofar da hannunta, ta danna sakata, ta jawo tabarma ta zauna a jingine da ita. Ko Tohid ne ya dawo daga tafiya sai ya faɗi sunansa da na ubansa kafin ta matsa.

Kanan ta gaji ta ce, "Haba, da kin ƙi rufewa, yanzu kin ƙi buɗewa. Har yanzu jiransa kike?"

"Ba jira nake ba, Didi," in ji Joitun. "Ya zo gida, ina jin sa, na bar shi a waje. Tsoro nake ya dawo ya tambaye ni."