Bahaguwa a Bakin Raga

Bahaguwa ake ce mata tun tana ƙarama, domin ko cokali aka miƙa mata da hagu take karɓa. 'Yar kafinta ce, ta tashi cikin ƙurar katako da ƙarar zarto a shagon da ke manne da gidansu. Ranar da malamin wasanni ya zube sandunan hoki a filin makaranta ya ce kowa ta ɗauka, ita ta tsaya tana jujjuya su tana neman ta hagu. Malamin ya yi dariya ya ce a wannan wasa ba a yi wa bahago sanda ba. Da ta kai ƙara gida, babanta bai ko ɗago daga kan katakon da yake gogewa ba.

"To sai ki koya wa hannun naki ladabi," in ji shi.

Ta kuwa koya masa. Tafin hannunta ya yi kanta, ƙwaurinta ya cika da tabo, kuma kafin ta gama sakandare ƙungiyar 'yan mata ta garin ta ɗauke ta. Ba ta iya yanka kamar wasu ba, amma akwai gudu, kuma ba ta ƙifta ido. Shi ya sa kocinsu, wata doguwar mata mai kaushin murya, ta ɗora mata aikin da kowa ke zillewa. Idan aka yi laifi a gaban raga, ana ba abokan karawa gajeriyar kwana. 'Yan baya su tsaya cikin raga tare da gola, a turo ƙwallo ga mai bugu, sai mutum ɗaya ya fito a guje ya nufi bakin sandarsa don ya tare. Ƙwallon hoki kuwa tauri gare ta kamar dutse. Bahaguwa ce mai fitowar nan, har 'yan ƙungiya na tsokanarta cewa an manta ba a saka mata tsoro ba.

Wata rana ƙwallo ta daki sandarta ta tashi sama, ta kutsa ƙarƙashin abin kare fuska ta same ta a muƙamuƙi. Ba ta ji zafi nan take ba, sai dai ta ga gola ta yar da sanda tana ihu. A asibiti aka ɗaure mata haƙora da waya. Ta daɗe ba ta cin komai sai abin da za a zuƙa, ta rame har wuyanta ya fito.

"Idan na ƙara ganin sandar nan a gidan nan, wuta zan hura da ita," in ji Mama.

Baba ya ɗauke sandar ya ajiye a shago.

Da ta warke ta koma fili, Mama ta yi fushinta ta gaji. Gudun yana nan. Amma duk lokacin da ta kusa mai bugu, sai kafaɗarta ta karkace da kanta, ƙwallo ta wuce ta gefe.

"Kina rufe ido," in ji koci bayan atisaye.

"Wallahi ba na rufewa, Anti."

"Ina tsaye ina kallonki. Ba laifi ba ne. Amma masu zaɓen 'yan wasan ƙasa za su zo wasan ƙarshe. Za ki fita, ko in sa wata?"

"Zan fita."

Ranar wasan suna gaba da ci ɗaya, lokaci ya kusa cika, alƙalin wasa ya busa gajeriyar kwana a kansu. Bahaguwa tana ɗaura abin kare fuska ta hango Mama a bayan shingen waya, ita da ba ta taɓa tako filin ba, ta dafe ƙirji da hannu biyu. Aka turo ƙwallo. Ta fito, kafaɗar nan ta karkace, ƙwallo ta wuce ta bugi ƙafar 'yar bayansu. Alƙali ya ce a sake, domin ƙwallo ta taɓa ƙafa laifi ne.

"Ki bari in fita," in ji 'yar bayan tana ɗingishi.

"A'a."

Bahaguwa ta kafa ido a kan ƙwallon, ta cije muƙamuƙin har ya yi mata tsami. Aka sake turowa. Wannan karo ta tafi miƙe, ta ga mai bugun ta sunkuya, ta ga sanda ta taso. Wata ƙara ta tashi, hannayenta suka mutu har kafaɗa, ƙwallo ta yi waje. Sai alƙali ya busa usur na tashi.

'Yan ƙungiya suka yi kanta da ihu, amma Mama ta riga su. Ta fizge abin kare fuskar, ta kama haɓarta ta juya dama da hagu.

"Buɗe bakin in gani." Ta duba, ta saki. "Allah ya shirye ki."

Masu zaɓen sun kira ta sansanin horo, suka sallame ta kafin a kammala, wai hannunta bai gama ƙwarewa ba. Ta sha kuka a mota. Shekarar da ta biyo baya suka sake kiranta, ta zauna a benci tafiyar farko, a ta biyu aka saka ta. Tana cikin ƙungiyar ƙasa har yanzu. Idan ƙananan 'yan wasa suka tambaye ta yadda ta daina jin tsoro, sai ta ce musu ba ta daina ba, su dai gyara riƙon sandarsu.