Ranar da Inna Ta Gaida Mutumin Cikin Tele

Wata Lahadi a daminar 1978, ruwa ya hana mu ƴar gala-gala a tsakar gidanmu na haya a unguwar Treichville, sai muka dunguma ɗakin Baba kallon tele, wani tsohon akwati marar kala da ya sayo a kasuwar Black Market. Mun sa rai da kiɗa da rawa. Sai ga wani mutum shi kaɗai a ɗaki fari fat, ba taga ba ƙofa, sai kujera ɗaya. Ya zauna, ya tashi, ya shafa bango a hankali, ya buɗe baki kamar zai yi kira, ba abin da ya fito. Baba ya bubbuga telen, a zatonsa murya ce ta ɗauke. Mu kuwa me za mu yi in ba dariya ba! Yaya Sule, sarkin iyayi, ya ce wasan ƴan boko ne, sai mai ilimi ke ganewa.

Kakarmu Inna ba ta yi dariya ba. Shekara biyu ke nan da aka ɗauko ta daga Tawa, ba ta jin Faransanci ko Jula, mu jikokinta kuma Hausarmu ba ta taka kara ta karya ba. Yini take a bakin ƙofa tana tsince tsakuwa a shinkafa, ƙamshin soyayyar ayaba na shigowa daga titi, jiragen ruwa na kuka can nesa, mu muna wuce ta a guje. Ran nan sai ta matsa gaban telen, ta gyara mayafi, ta ce, "Sannu, bawan Allah. Ina gajiya?" Muka sake fashewa. Ta juyo ta dube mu. "Wanga ba ya da kowa. Ba a iske mutum zaune shi ɗai a wuce ba gaisuwa."

Kunya ta kama ni, don sau uku na tsallake ƙafarta da safiyar nan ban ce mata uffan ba. Washegari na zauna kusa da ita, tiren shinkafa tsakaninmu. Ta yi ta dariyar gurguwar Hausata, tana ba ni labarin rijiyar garinsu, har na riƙa ganin rijiyar a mafarki.

Yau ni ce tsohuwar gida, a wani bene a unguwar Adjamé. Ɗaki cike da jikoki, kowa ya sunkuya kan wayarsa. In shirun ya ishe ni, sai in dubi tele in ce, "Sannu, ina gajiya?" Ina jiran wanda kunya za ta kama.